Darasin hutu a Agege da ke koyar da ilimin haske ta hanyar labari

A dogon hutun da ya wuce na sanya 'yata mai shekara 11 a wani darasi na ranakun Asabar, wanda wata malamar kimiyya da ke aure a nan Agege ta buɗe a wani ɗaki kusa da Zango. Darasin na mako shida ne, kuma an gina shi dukansa a kan wani ƙagaggen labari: wai akwai wata makaranta a wani tsibiri da ke tsakiyar ruwan Legas, wadda ba a karanta komai a cikinta sai sihirin haske, tana da ƙofofi shida a garƙame, kuma ɗalibi ba ya wuce ƙofa sai ya gano sirrin abin mamakin da aka nuna masa a bakinta. Yaran su ne ɗaliban, Malama kuwa ita ce mai riƙe da makullai.

Kalmar sihiri ce ta fara tsaya mini a rai, domin kowa ya san matsayinsa a addininmu, kuma ban so a saba wa yarinya da shi ko da sunan wasa ne. Saboda haka a Asabar ta farko na raka ta da kaina, na nemi izini na zauna a bayan aji.

Malama ta sa an toshe tagar da ke kallon titi da kwali mai kauri, aka rufe ƙofa, ɗakin ya yi duhu ƙirin, sannan ta buɗe wata 'yar huda da ba ta kai faɗin kwabo ba a tsakiyar kwalin. Da idanunmu suka saba da duhun, sai ga titin gaba ɗaya ya bayyana a jikin farin zanen da ta rataya, amma a kife: kekuna masu ƙafa uku suna wucewa tayoyinsu a sama, ga wata mai tallan burodi tana tafiya kanta a ƙasa, farantinta bai zube ba. Yara suka ɗauki salati da ihu. Malama ta bar su sai da suka natsu, sannan ta tambaye su wanda ya kife titin. Ba ta ba su amsa ba, sai ta miƙa musu zare da wani kwali mai huda, ta ce su ja zaren a miƙe daga saman kujera ya bi ta hudar, su ga inda zai sauka. Da kansu suka gano cewa haske a miƙe yake tafiya, don haka wanda ya taso daga sama a ƙasa zai sauka idan ya ratsa ƙaramar kafa. A nan ne ta gabatar musu da Hasan Ibnul Haisam, wanda aka haifa a Basra wajen shekarar 965 ya rasu a Alƙahira wajen 1040, malamin da ya yi nazarin irin wannan ɗaki mai duhu, ya kuma kafa hujja a littafinsa Kitabul Manazir cewa haske ne ke shiga ido daga abin da ake kallo, ba ido ne ke fitar da haske ba kamar yadda wasu magabata suka ɗauka.

Bayan an tashi na gaya mata damuwata. Ta ce, "Alhaji, sihirin labarin nan ba ya kwana, a gabansu muke warware shi kowane mako." Abin da na gani ya gaskata maganarta, kuma shi ne dalilin da ya sa nake ganin darasin ya cancanci kuɗinsa: yaro yana fita da sabon hali na neman sababin abu kafin ya ji tsoronsa.

Ƙofa ta uku ta bakan gizo ce. Da gilashi mai kusurwa uku suka raba hasken rana zuwa launukansa, kamar yadda Isaac Newton ya yi a Ingila a 1666, ta kuma ba su labarin Kamaluddin Alfarisi, wanda ya riga shi da fiye da shekara 300 wajen bayanin bakan gizo ta hanyar cika ƙwallon gilashi da ruwa, ya zama tamkar ɗigon ruwan sama da aka girmama. A daren ranar 'yata ta karɓi wayata, ta ɗiga ruwa ɗigo ɗaya a kan farin fuskar wayar, ta ce, "Baba, duba da kyau." Na duba, sai ga ƙananan ɗigogi ja da kore da shuɗi a jere, waɗanda haɗuwarsu ce ke ba da farin da nake kallo kullum ban taɓa lura ba.

Wadda ta fi burge ni ita ce ƙofa ta biyar, inda aka huda gorar ruwa a gefe, aka haska leza, wato 'yar fitila mai fitar da siririn haske mai ƙarfi, daga ɗaya ɓangaren, hasken ya bi ruwan da ke tsiyaya ya lanƙwasa tare da shi har cikin bokiti, saboda yana ta bugun gefen ruwan daga ciki yana komawa. Malama ta bayyana musu cewa haka haske ke ɗauke da saƙonni a cikin zaren gilashi, kuma irin waɗannan wayoyi na ƙarƙashin teku a gaɓar Legas suke fitowa, kamar na MainOne da ya fara aiki a 2010 da Equiano na kamfanin Google da ya iso a 2022. Yaron da ya tashi a garin nan ya kamata ya san cewa intanet ɗin da ke hannunsa ta bakin tekun garinsu ta shigo.

Darasin bai rasa nakasu ba. Ɗakin ƙarami ne, kuma idan aka toshe taga wuta ta ɗauke, zafi yana hana yara mayar da hankali. A mako na huɗu labarin ya yi tsawo har ya cinye lokacin gwajin madubai. Malama tana bayani da Hausa mai daɗi, amma takardun da yara ke zuwa da su gida da Turanci kaɗai aka rubuta, alhali iyaye mata da yawa a unguwarmu da Hausa za su fi iya bi musu. Abin da ya fi damuna shi ne na ga leza tana yawo a hannun yara, ga shi kuwa haskenta na iya yi wa ido illa, kuma na faɗa wa Malama haka kai tsaye. Ta karɓi maganar, ta ce daga yanzu a hannunta kaɗai za ta riƙa zama, kuma a kan wannan sharaɗi na yi wa ƙanen yarinyar rajistar hutu mai zuwa.