Agogon lokutan salla da muka saya wa masallacin ƙauyenmu: abin da na gani cikin shekara guda

Ranar da muka rataye agogon a bangon gabas na masallacinmu, wani ɗan ƙanena mai yawan kallon finafinan ƙagaggen kimiyya ya ce mun kawo irin na'urar nan da ake nunawa a cikinsu, wadda take riƙe da linzamin lokaci don kada jiya ta shige cikin gobe duniyar labarin ta rikice. Dattawa suka yi dariya, amma abin da ke ran jama'a ya faɗa, domin da yawa sun ɗauka cewa gardamar ko lokacin salla ya yi ko bai yi ba ta ƙare daga ranar.

Ƙauyenmu yana kusa da Haɗeja, kuma da kuɗin da aka tara bayan girbin shinkafa muka sayo agogon a kasuwar Sabon Gari ta Kano. Allo ne mai jajayen lambobi, yana nuna lokutan salloli biyar da fitowar rana, da kwanan wata na Musulunci da na Turawa, da ma'aunin zafi. Mun haɗa shi da batirin solar da ke ba lasifika wuta. Ta fuskar gani ba ni da abin kushewa, domin tsoho mai raunin ido yana karanta shi daga sahun ƙarshe. Haka kuma da damina, idan hadari ya kwana biyu batirin sola ya mutu, allon yakan ɗauke, amma akwai wani ɗan batiri mai kama da kwabo a cikinsa, CR2032, wanda ke ci gaba da ƙirga lokaci, ana dawo da wuta ya ɗora daga inda ya kamata.

Matsalar farko ta fito ne a makon farko. Da aka zo saiti, babu Haɗeja a jerin garuruwan da ke cikinsa, sai yaron shagon ya zaɓa mana Kano ya ce duk ɗaya ne. Ba ɗaya ba ne. Ladaninmu, wanda ya fi shekara 30 yana duba inuwar sanda da jan gari, ya same ni bayan magariba ya ce, “Malam, agogon nan naku yana jinkiri, rana takan faɗi shi yana nan yana jira.” Na ce, “Allah gafarta Malam, bari in bincika.” Shi ke da gaskiya. Duniya tana juya digiri 15 a kowace awa, wato minti 4 a kowane digiri, kuma Haɗeja tana gabas da Kano da kusan digiri ɗaya da rabi, saboda haka alfijir da faɗuwar rana suna riga zuwa mana da kimanin minti 6. Jinkirin buɗa baki da minti 6 ba zai ɓata wa kowa azumi ba, amma mutumin da ya dogara da lokacin Kano wajen sahur zai iya ci gaba da cin tuwonsa alhali alfijir ya riga ya keto a garinsa. Agogon yana da wurin da ake shigar da lambobin matsayin gari a taswirar duniya da hannu, sai dai takardar bayanin da Turanci da Larabci aka rubuta ta da ƙananan haruffa, kuma sai da na kwashe yammaci guda da rimot a hannu kafin na gano wurin.

A nan ne kuma na ga cewa akwai zaɓi biyu na la'asar, Shafi'i da Hanafi, babu sunan Malikiyya. Wanda ya dace da mu shi ne na Shafi'i, domin a wannan mas'ala Malikiyya da Shafi'iyya sun haɗu a kan cewa la'asar tana shiga idan inuwar abu ta kai tsawonsa ban da inuwar zawali, yayin da zaɓin Hanafi yake jiran ninki biyu. Wanda ya danna na biyun bisa kuskure zai jinkirta wa jama'a la'asar sosai.

Batun tsayuwar lokacin kansa, wanda ɗan ƙanena ya yi wa kirari, yana da iyaka. Abin da ke ƙirga sakan a cikin irin wannan agogo wani ɗan ƙanƙanin dutse ne da ake kira kwaz, wanda ke kaɗawa sau 32,768 a sakan guda, kuma an daidaita shi ne a zafin da ya kai kimanin digiri 25. Idan zafi ya haura haka ko ya yi ƙasa, kaɗawar takan ragu kaɗan. Masallacinmu rufin kwano ne, a watan Afirilu allon da kansa yana nuna sama da digiri 40 da azahar, kuma da na gwada shi da agogon wayata bayan bazara na tarar ya koma baya da kusan minti ɗaya. Yanzu duk Juma'ar farkon wata nakan daidaita shi, in kuma goge ƙurar da ke taruwa a fuskarsa, musamman da hunturu.

Kwanan watan Musulunci ma lissafi yake bi, mu kuwa ganin wata muke bi da sanarwar Mai Alfarma Sarkin Musulmi, don haka sau da yawa yakan riga mu da kwana ɗaya. Akwai maɓallin ƙara kwana ko ragewa, na koya wa na'ibin liman yadda ake taɓa shi. Kiran sallar da aka naɗa a cikinsa kuwa tun ranar farko Baba Liman ya sa aka kashe, ya ce muna da ladani.

Duk masallacin ƙauyen da zai sayi irinsa, ya tabbatar tun a shago cewa ana iya shigar da matsayin gari da hannu, kuma a tafi da wanda zai iya karanta takardar, domin akwai masu araha da ba su da wannan wurin sam, kuma a ido kamanninsu ɗaya da namu.