Kwana biyar ina jan kaya a ƙanƙarar Finse: abin da na biya da abin da na samu

Sai da na yi mako uku da dawowa kafin babban yatsana na ƙafar hagu ya daina yi mini kamar na aro. Shi ya sa na jinkirta wannan sharhi, kada haushin yatsa ya sa in ci zalin mutane. Yanzu ya warware, zuciya ta sauka, zan iya faɗin abin da na gani a kwas ɗin kwana biyar da na biya kuɗi na shiga a Finse, ƙasar Norwe, inda wani kamfani ke koya wa mutane tafiya a ƙanƙara irin ta masu zuwa ƙuryar duniya. Ba zan kama sunan kamfanin ba. Irinsu suna da dama, kuma abin da zan faɗa zai yi wa mai niyya amfani ko wanne ya zaɓa.

Erling Kagge ne ya jefa ni cikin wannan wahala, ko da yake bai san da zamana a duniya ba. Ɗan Norwe ne, an haife shi a 1963, lauya ne a karatu, daga baya ya buɗe kamfanin buga littattafai. A 1990 shi da Børge Ousland suka tashi daga tsibirin Ellesmere na Kanada suka taka har ƙuryar arewacin duniya, kwana 58, babu karnuka, babu jirgin da ke jefo musu guzuri. A ƙarshen 1992 ya nufi ƙuryar kudu shi kaɗai, ya isa a Janairun 1993 bayan kwana 50, tafiyar kusan kilomita 1,300. A 1994 ya hau Everest, dutse mafi tsawo a duniya. Da haka ya zama mutum na farko da ya taka waɗannan wurare uku da ƙafarsa.

Duk wannan bai kama ni ba kamar maganar rediyo. An matsa masa ya tafi Antatika, nahiyar ƙanƙara inda ƙuryar kudu take, da rediyon sadarwa, ya karɓa, sai dai ya yar da baturan tun kafin ya fara tafiya. Kwana hamsin bai ji muryar ɗan Adam ba. Ni kuwa wayata ba ta minti goma ba ta yi ƙara ba. Da na ga tallar kamfanin nan, hoton mutum ɗaya tilo a tsakiyar fari fat, sai na ce to, ga inda ake sayar da shirun Kagge, bari in je in sayo ko da na kwana biyar ne.

Zaɓen wurin dai ba su yi kuskure ba. Finse tasha ce a layin dogon da ya haɗa Oslo da Bergen, ita ce mafi tudu a layin, mita 1,222 daga matakin teku, kuma mota ba ta zuwa, sai jirgin ƙasa. Kana saukowa iska za ta mare ka, ka ɗaga kai ka hango tulin ƙanƙarar Hardangerjøkulen. A nan shahararren matafiyin ƙanƙara Ernest Shackleton ya gwada kayansa a 1914 kafin ya nufi Antatika. A wannan tudu na Hardangervidda kuma Roald Amundsen ya kusa baƙuntar lahira a 1896, ya kwana a rami ƙanƙara ta daskare a kansa, sai da ɗan'uwansa ya tono shi. Amundsen ɗin nan ne ya fara isa ƙuryar kudu a Disambar 1911. Wurin da ya kusa cinye Amundsen, ni me ya kai ni?

Mu takwas ne, da malama ɗaya da mataimakinta. Ranar farko a ɗaki aka yi ta: duba kaya, kunna risho da kashe shi har sai hannu ya haddace, kafa tanti da safar hannu a hannu. Washegari aka ɗaura wa kowa siki, dogayen katakan nan na sululu a dusar ƙanƙara, aka maƙala masa abin da suke kira pulk, kamar ƙaramin kwalekwalen roba da ake ɗaurawa a ƙugu da igiya ana ja. Nawa ya kai kilo 35. Kagge ya bar bakin Antatika da abin da ya haura kilo 100.

A nan ne shirun da na zo saye ya fara zille mini. Tafiyar kanta a tsare take: minti hamsin ana ja, minti goma ana hutu, a jefa cakulan da ya daskare a baki, a kurɓi ruwan filas, a tashi. Cikin minti hamsin ɗin kuma kanka ba ya hutawa. Zif ɗin riga a buɗe yake ko a rufe? Na fara gumi ne? Kumatun wanda ke bayana sun yi fari? Tun safiyar farko malamar ta tsayar da ni. Na jibga riguna huɗu saboda tsoro, ta ce in cire biyu. Na ce, ranki ya daɗe, sanyi nake ji. Ta ce haka ake so, wanda ya fara tafiya yana jin ɗumi, kafin rabin awa ya jiƙe. Na cire ina ƙunƙuni. Gaskiyarta ce. Gumi ne babban abokin gaba a can: ya jiƙa riga, ka tsaya hutu, ya daskare a jikinka, kuma babu inda za ka shanya komai har tafiya ta ƙare.

Wannan malama ita ce duk darajar kuɗin da na biya. Ba ta da yawan magana, ba ta ba da labarin jarumtakarta, sai a dare na uku muka ji daga bakin mataimakinta cewa ta taɓa ratsa Girinlan, ƙaton tsibirin ƙanƙara na arewa, a kan siki. Abin da take koyarwa ƙananan abubuwa ne da babu mai ɗaukar hotonsu. Ka sa leda tsakanin siririyar safa da mai kauri don kada gumin ƙafa ya shiga takalmi. Kada ka taɓa ajiye safar hannu a ƙasa, iska za ta ɗauke, kuma hannun da ba safa ba ya daɗewa. Ka share duk ƙwayar dusar da ta shigo tanti da buroshi kafin ta narke. Ka kwana da batura da filas a cikin buhun barci. Ka bar kafar iska a buɗe idan risho na ci, don hayaƙinsa ba ya wari amma yana kisa. Sai maganar kwalbar fitsari, wadda muka yi wa dariya da rana, muka gode mata da ƙarfe ukun dare lokacin da awo ya nuna 19 ƙasa da sifili.

Sai narka ƙanƙara. Jama'a, babu tallar da ke gaya muku wannan. Duk ruwan da za ka sha, da na abinci, da na cika filas ɗin gobe, daga dusar ƙanƙara zai fito, ita kuwa tukunya cike ba ta ba ka rabi. Awa biyu da yamma, fiye da awa guda da safe, kana durƙushe a bakin tanti kana ɗura wa tukunya. Abokin tantina wani dattijo ne Bajamushe mai ritaya, na riƙa ce masa Baba, shi kuma ya ɗauka sunan da na raɗa masa ne, yana amsawa da murna. Darenmu na farko a tanti muna hira. Dare na uku babu mai cewa uffan, ni ina ɗiba, shi yana zubawa, risho na huci. A nan na tuna Kagge ya yi wannan aiki safe da yamma kwana hamsin, babu Baba a gefensa. Idan akwai shirun da na samu a tafiyar nan, to a bakin tukunyar nan ne.

To, yanzu ga inda kamfanin ya gaza, kuma ba zan rufa musu ba.

Takalman haya. Na rubuta musu lambar ƙafata tun wata biyu kafin tafiya, suka ba ni daidai lambar. Duk wanda ya san aikin ya san takalmin ƙanƙara sai ya ɗara ƙafa, saboda safa biyu da leda, kuma yatsu na bukatar wurin motsi jini ya zaga. Malamar da ta gani ranar farko ta girgiza kai, amma babu wani babba a ma'ajiyarsu. Asalin ciwon yatsana ke nan. Kamfanin da ke karɓar kuɗin koyar da kare kai daga sanyi bai kamata ya yi wannan sakaci a ofis ba. Na rubuta musu bayan na dawo, suka ba da haƙuri cikin ladabi, kuɗin hayar dai ba su mayar ba.

Abinci ma an yi tuntuɓe. Busasshen abinci ne na leda da ake zuba wa ruwan zafi, da kunun hatsi mai man shanu da safe, kuma yana da yawa, don mai jan kaya cikin sanyi na iya ƙona kalori 5,000 ko fiye a yini. Na rubuta a fom cewa ba na cin naman alade, amma biyu daga cikin ledojina shi ne a ciki. Baba ne ya karanta rubutun jiki ya musanya mini da nasa na kifi. Mai zuwa ya duba ledojinsa ɗaya bayan ɗaya tun a tasha, kada ya bari sai ya yi nisa.

Na uku, farashin da ke shafinsu ba shi ne ƙarshe ba. Hayar siki daban, buhun barci daban, kwanan daren farko a masauki daban, tikitin jirgin ƙasa kuma naka ne. Da na tara lissafi sai na ga kurona (kuɗin Norwe) da ta fita daga aljihuna ta ɗara abin da na shirya da kusan kashi ɗaya cikin uku. An rubuta wannan, amma can ƙasa da ƙananan baƙaƙe.

Rana ta huɗu ce ta sa na yafe musu rabin laifinsu. Da hantsi iska ta taso, sama da ƙasa suka haɗe suka zama fari ɗaya, ba ka ganin kan sikinka sosai balle mutumin gabanka. Ka rasa gane ko hawa kake ko gangara, har jiri ya kama ni. Malamar ba ta karɓi gaba ba. Ta miƙa wa wata yarinya 'yar jami'a na'urar nuna alƙibla, wato kamfas, ta ce ta ja mu, ita ta koma can baya tana ƙirga mu. Bayan awa guda ta ɗaga sanda, muka tsaya muka kafa tantuna cikin wannan iska, kowa ya riƙe kusurwarsa, muka yanka tubalan ƙanƙara muka yi katanga ta ɓangaren da iskar ke bugowa. Babu abin da ya tashi, ko safa ɗaya. Abin da muka maimaita a ɗaki ranar farko har muna gunaguni, shi hannuwanmu suka yi da kansu.

Wa zan ce ya je? Wanda ke iya tafiyar awa shida a ƙasa da kaya a baya, kuma ba ya jin haushi a gyara masa abu ɗaya sau biyar. Ba sai ka iya siki ba, ni ma faɗuwata ta fi ƙirge, kuma ja ake yi, ba tsere ba. Wanda hoto ya kai shi kuwa, wayarsa za ta mutu kafin azahar.

A jirgin dawowa Oslo na ɗauko biro na raba 1,300 gida 50. Kilomita 26 ke nan kowace rana, babu fashi, da kayan da suka ninka nawa sau uku. Ranar da muka fi ƙoƙari mun yi 11, kuma a daren nan ko cokali da ƙyar na ɗaga. Na nuna wa Baba lissafin, ya gyara tabarau ya duba, ya ce shi baɗi zai dawo ya yi na ratsa Hardangervidda gaba ɗaya, ko zan zo? Na ce masa sai na sayi takalmina na kaina tukuna, mai ɗara ƙafata da lamba biyu.