Na kalli De Brug sau uku kafin ya kama ni

Fim ne da ba magana, ba jarumi, ba labarin soyayya. Tauraruwarsa gada ce ta jirgin ƙasa a birnin Rotterdam na ƙasar Holan, wadda mutanen garin ke kira De Hef. Joris Ivens, mai shirya fina-finai ɗan Holan, ya fitar da shi a 1928, shekara guda bayan buɗe gadar. Baƙi da fari ne, bai ma kai minti 20 ba.

Kallon farko, gaskiya hamma na yi ta yi. Kwafin da na samu a intanet ya yi dishi-dishi, ga wani kiɗa da aka ɗora masa daga baya yana ta damun kunne. A karo na biyu na kashe sautin, sai fim ɗin ya fara buɗe mini.

Abin da ke faruwa kaɗan ne. Jirgin ƙasa ya taho da hayaƙinsa, aka tsayar da shi. Sai tsakiyar gadar ta fara ɗagawa sama ɗungurungum tsakanin hasumiyoyi biyu. A nan Ivens ya nuna gwaninta: ya kawo kyamara dab da manyan ƙafafun ƙarfe suna juyawa, igiyoyin waya sun miƙe ƙam, tubalan nauyi na sauka a hankali yayin da gadar ke hawa. Sai ya leƙo da kai daga can ƙololuwa, har na ji cikina ya juya ina zaune a kujera. Jirgin ruwa ya wuce ta ƙasa, gadar ta sauko, jirgin ƙasa ya ci gaba.

Wurin tsayuwar nan ya fi tsaya mini a rai. Mun saba cewa gada haɗa gaɓa biyu take yi, amma wannan sai ta yanke hanyar wani kafin ta ba wani hanya. Ivens bai yi wa'azi a kai ba, ya bar ka ka jira tare da jirgin.

Ƙorafina ɗaya: mutane kusan ba su da wuri a ciki. Na so in daɗe ina kallon hannun mai sarrafa injin.

Tun 1993 jirgin ƙasa ya daina bin gadar, ya koma ramin ƙarƙashin kogi. Tana nan tsaye, tsakiyarta a ɗage. Da na san haka na koma na kalli saukowarta karo na uku, ba sauti.