Kwafin kuɗin Sarki Sharlaman da na saya a intanet

Tsaba biyu ne a cikin ɗan akwati, da wata takarda mai bayani. Shagon na sayar da kwafin tsofaffin kuɗin Turai, wannan kuwa na zamanin Sharlaman ne, sarkin Farankawa (mutanen yankin da yau ake kira Faransa da Jamus) da ya yi mulki daga 768 zuwa 814.

Ta farkon ita ce ta biya kuɗina. Kwabon azurfa ne irin wanda sarkin ya fitar bayan gyaran kuɗi na wajen 793 zuwa 794, lokacin da aka ƙara masa nauyi ya kai kusan giram 1.7. Na ɗora ta a ma'auni, ba ta yi nisa da hakan ba. Sirara ce, gefenta a ɗan karkace, ka san buga ta aka yi da guduma, ba zuba ta aka yi a mazubi ba. A fuska ɗaya akwai gicciye da rubutun CARLVS REX FR, wato Sharlaman sarkin Farankawa da Latin, kewaye da shi, a ɗayar kuma tambarin sunansa, haruffan a sarƙe da juna. In ka riƙe ta sai ka yi mamakin darajarta: taron shugabannin coci da sarkin ya kira a birnin Frankfurt a 794 ya kayyade cewa ƙwaya ɗaya za ta sayi burodin alkama 12. Lissafin nan na kwabo 12 sule ɗaya, sule 20 fam ɗaya, daga tsarin Sharlaman ya samo asali, Ingila ba ta rabu da shi ba sai 1971.

Ta biyun mai hoton kan sarki ce, sanye da rawanin ganye irin na sarakunan Rum. Ta yi kauri, ta yi sheƙi fiye da kima, sai ka ce lambar yabo ta gasar makaranta.

Abin da ya ɓata min rai shi ne takardar. Ta sa 768 a ƙarƙashin mai hoton, alhali rubutun jikinta na cewa IMP AVG, wato sarkin sarakuna irin na daular Rum, muƙamin da bai samu ba sai da Paparoma Leo na Uku ya naɗa shi a Rum a shekarar 800. Na aika wa shagon saƙo, har yau shiru.

Malamin tarihi da ke son abin nuna wa ɗalibai, ya nemi ta farkon kaɗai in suna sayarwa daban, ya rubuta bayanin da kansa.