Despecialized ko 4K77: wanne ya fi kusa da abin da aka gani a sinima?

Ɗan'uwa, ka tambaya wanne za ka nema tsakanin waɗannan kwafi biyu da masoya fim suka gyara da kansu, in kana son ganin fim ɗin Star Wars yadda ya fito a 1977. Daga 1997 George Lucas, wanda ya ba da umarnin fim ɗin, ya riƙa taɓa shi: ya cusa halittun kwamfuta, ya shigo da dodon nan Jabba, har ya sa mugu Greedo ya riga jarumi Han Solo harbi. Na asalin kuwa, da aka sa shi a DVD a 2006, daga tsohon kwafin faifan LaserDisc na 1993 aka kwaso shi, hoto dishi-dishi. Dalilin da masoya suka zage dantse ke nan.

Despecialized aikin Petr Harmáček ne, wanda aka fi sani da Harmy, ɗan ƙasar Cek, ya fara fitar da shi a 2011. Faifan Blu-ray na kamfani ya ɗauka ya bi shi daki-daki, yana cire ƙarin da aka yi, yana cike gurbi da guntaye daga tsofaffin kwafi, yana maido da launi. Hoton tas yake, ga daɗin kallo. Sai dai haɗe-haɗe ne, kamar rigar da gwanin tela ya yi wa faci: wani wurin in ka ƙura ido za ka ga kaifin hoton ya ɗan sauya.

Su kuwa Team Negative One, masu 4K77, ainihin zaren fim na 35mm da aka haska a gidajen sinima suka nemo. Mafi yawan aikin daga kwafin Technicolor guda ne na 1977, irin wanda launinsa ba ya koɗewa ya koma ja. Suka ɗauki kowane hoto ɗaya bayan ɗaya a 4K, suka goge datti da ƙarzuwa, suka fitar a 2018. Za ka ga tsaki-tsaki suna motsi a fuskar allo, wuraren duhu sun yi duhu sosai, kaifin bai kai na Blu-ray ba, tunda kwafin sinima kwafin kwafi ne. Ni a wurina wannan ba aibi ba ne, abin da idon 'yan kallo ya gani ke nan, shi ya sa na fi karkata gare shi.

Dukkansu ba na sayarwa ba ne, kuma ƙa'idar masu aikin ita ce ka fara mallakar kwafin kamfani. In 4K77 ka zaɓa, iri biyu ne. Ɗauki wanda ba a goge masa tsaki-tsakin ba.