MZL ko UMBC: wacce za a ɗauka don kundin digiri?

Ɗan'uwa mai tambayar wacce zai yi wa kundin kammala digiri tsakanin tsofaffin jam'iyyun siyasar yankin Tsakiyar Najeriya, Middle Zone League (MZL) da United Middle Belt Congress (UMBC), ka ɗauki MZL. In dai taken da malaminka ya amince da shi na jam'iyyar Kiristoci ce ta yanki, to ita ce sunan ya hau. UMBC wata aba ce daban.

MZL daga coci ta fito, ba a ɓoye ba. A 1949 Kiristocin da suka yi karatu a makarantun mishan suka kafa ƙungiya a yankin Jos, suka sa mata suna Northern Nigerian Non-Muslim League, saboda fargabar za a taƙaita aikin mishan a Arewa, da kuma ganin sarakuna ke da rinjaye a majalisar Kaduna. Sunan ya yi kaifi, a 1950 aka mai da shi Middle Zone League. Jagoranta shi ne Fasto David Lot na Panyam, ɗaya daga cikin fastoci uku na farko da mishan ɗin SUM (Sudan United Mission) ta naɗa a 1938, tare da Toma Tok Bot da Bali Falang. 'Ya'yanta galibi malaman makaranta ne da masu wa'azi da ma'aikatan asibitin mishan, daga Lardin Filato da Kudancin Zariya da ɓangaren Numan a Adamawa. Da yawansu makarantar Gindiri ce ta haɗa su, don haka hanyar da coci ke bi ta kai saƙo ƙauye ita jam'iyyar ta bi.

Inda naman yake shi ne 1953. Jam'iyyar da aka kafa don gudun danniyar masarautu sai ga ta ta ƙulla ƙawance da NPC ta Sardauna. Lot yana ganin gara a zauna da mai mulki a samo makaranta da hanya da kujera, matasa kuwa suna ganin an sayar da su. A shekarar aka samu Middle Belt People's Party (MBPP), wadda ta karkata ga NCNC ta Azikiwe. Wannan saɓani kaɗai ya ishe ka babi guda mai auki. Kuma tarihin yana da baki da iyaka: 1949 zuwa 1955, lokacin da MZL da MBPP suka haɗe a Kafanchan suka zama UMBC. Shekara shida ɗalibi zai iya riƙe su a hannu.

UMBC kuwa ta fi suna, shi ke nan. Tun da Joseph Tarka ya karɓi shugabancinta a 1957 cibiyarta ta koma ƙasar Tiv, zancenta ya zama na ƙananan ƙabilu da neman jihar Tsakiya, ba na addini ba. Har Ibrahim Imam, Musulmi Babarbare, ya shiga majalisar Arewa ta wata mazaɓar Tiv da goyon bayan Tarka. Ka kira ta jam'iyyar Kiristoci, mai jarraba ka zai kama ka a shafin farko. Ga kuma faɗi: ƙawance da Action Group ta Awolowo, kwamitin Willink da ya ƙi yarda da sabuwar jiha a 1958, rikicin Tiv na 1960 da na 1964, soke jam'iyyu a 1966. An rubuta su har an gaji.

Wahalar MZL ɗaya ce, takardunta a warwatse suke. Fara da Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna, ka nemi fayilolin Lardin Filato da na Zariya, musamman rahoton shekara na Razdan da na Di'o. Ka tafi da takardar gabatarwa daga sashenku. Ka nema da tsohon rubutu: sunan ƙabilar nan ta yankin Jos, Birom ake rubutawa a da, ba Berom ba, wanda bai san haka ba sai ya dawo ya ce babu komai. Daga nan Arewa House, sai tsofaffin Gaskiya Ta Fi Kwabo da Nigerian Citizen na waɗannan shekaru, sai laburaren kwalejin tauhidi ta TCNN a Bukuru don ɓangaren coci. Rahoton Turawa ka karanta shi da lura, don mafi yawansu sun fi son Arewa ta zauna dunƙule. Lambar kowane fayil ka rubuta ta nan take kafin ka mayar.

Ba ka tambaya ba, amma ka yi hattara da masu tallar "kundi kammalalle" a WhatsApp da shagunan kwafi na bakin jami'a. Abin da suke yi shi ne su ɗauko tsohon kundin UMBC, su canja suna a bango da babin farko, su ce na MZL ne. Gane shi ba wuya: in ka ga Tarka yana shugabanci kafin 1957, ko an kawo rikicin Tiv cikin tarihin MZL, jabu ne. Wasu kuma sukan karɓi kuɗi da sunan za su ɗauko maka hoton fayil daga Kaduna, su turo shafukan da babu lamba babu kwanan wata. Kada ka biya ko sisi sai ka ga hoton bangon fayil ɗin da lambarsa.