Umararmu da Hajiya: yaro ɗaya ne ya fitar da kamfanin kunya

Kamfanin da ya kai mu Umara daga Kano bai burge ni ba da farko. Sun karɓi kuɗi da wuri, biza kuma sai da muka yi ta sintiri. Amma Allah ya haɗa mu da wani matashi cikin ma'aikatansu, kuma saboda shi nake wannan rubutu.

Mahaifiyata tana fama da ciwon suga, ƙafafunta kan kumbura. Tun a Madina yaron ya lura tana jan ƙafa, ba wanda ya gaya masa. Shi ya karɓi wayata ya nemo mata izinin shiga Rauda ta manhajar Nusuk, ya duba lokacin mata, ya haɗa ta da wasu bayin Allah 'yan Maraɗi da suka riƙe ta kamar uwarsu har ta fito tana hawaye. Da muka ɗaura harami a Zul Hulaifa muka isa Makka, Hajiya ta lallaɓa ta yi ɗawafi da ƙafarta, amma a Safa ƙarfinta ya ƙare. Sa'ayi kusan kilomita 3 ne. Masu tura keken marasa lafiya suka faɗi kuɗin da ya fi ƙarfina. Yaron nan ya ce, "Mama, ki zauna, ni zan tura ki." Ya samo keke, ya tura ta zuwa bakwai ɗin nan cif, yana karanta mata addu'a a hankali tana maimaitawa, ya tsaya ya ɗebo mata zamzam har sau biyu. Na miƙa masa ɗan abin hannu, ya ƙi, ya ce Mama ta sa masa albarka kawai. Allah ya saka masa da Aljanna.

Sai dai kuma in na tuna masauki raina ɓaci yake. An ce mana otal dab da Harami, ashe can ƙarshen unguwar Misfala ne, tsohuwa ba ta iya zuwa salla biyar. Asuba da Isha kawai take samu cikin jam'i, wannan ya ci mata rai ƙwarai. Abincin ma shinkafa kullum, ga mai ciwon suga! Na kira ofishinsu na Kano a kan bambancin kuɗin otal, har yau "za mu duba" nake ji.

Wanda zai tafi da tsoho ta hannunsu, ya sa su rubuta masa sunan otal a takarda kafin ya biya ko sisi.